Ranar da Gwani Ya Rina Idanun Layi

Duk layin nan babu wanda ya taɓa jin Gwani ya ce "ban sani ba." Shi ya raɗa wa kansa sunan, shi kuma ya rubuta shi da jan fenti a saman ƙofar shagonsa: GWANI MAI HOTO. Shekara ashirin da biyu yana ɗaukar hoton fasfo a wani ɗan ɗaki mai koren labule da kujera ɗaya mai gurguwar ƙafa, amma in ka zauna kana jin sa, sai ka rantse shi ya koya wa rana fitowa don a samu hasken aiki.

Abin da ya hana shi sakat shi ne wata budurwa da ta buɗe shagon hoto daidai gaban nasa, tsallaken titi. Ana ce mata 'Yar Ƙyas, don kafin ka gama gyara wuyan riga ta ƙyasta, kafin ka miƙe ta miƙo maka hotonka da ɗuminsa. Ga shi kuma ƙungiyar masu sana'ar layin ta yanke shawarar yi wa mambobinta katin shaida, mutum ɗari biyu da ɗoriya, ranar Asabar za a zauna a zaɓi wanda zai ɗauki hotunan.

Ranar Litinin Gwani ya shiga shagon yayan matarsa, mai sayar da tabarau, don a ɗaure masa ƙusar gilashinsa. Yana jira yana bincike a aljihun teburin mutane, kamar yadda ya saba, sai ya zaro wani tsohon littafi. A tsakiyarsa akwai tabarau na kwali, ido ɗaya ja, ɗaya shuɗi mai ratsin kore.

"Yaya, wannan na masu ciwon ido kala biyu ne?"

"Saka ka dubi hoton da ke shafin nan," in ji mai tabarau, bai ko ɗago kai ba.

Hoton wani jirgin ƙasa ne, duk ya yi dishi-dishi, ja da shuɗi sun hau kan juna. Gwani ya saka tabarau. Sai ga kan jirgi ya taso daga takarda ya nufo hancinsa. Ya yi baya da sauri har ya buge kwandon shara.

"Ka tsorata?"

"Ni? Ƙafata ce ta yi sanyi. Ai na san abin nan tuntuni. Amma dai faɗi yadda ka fahimce shi, in ji ko daidai ka gane."

Mai tabarau mutum ne mai haƙuri, ya kuma san surukin nasa ciki da bai. Ya ajiye sukundireba ya ce, "Miƙa babban yatsanka gaba. Rufe idon hagu. To buɗe, rufe na dama. Me ka gani?"

"Yatsan yana tsalle."

"To shi ke nan sirrin. Kowane ido da wurin da yake kallo daga shi. Ƙwaƙwalwa ce ke haɗa gani biyun, sai ka san wannan na kusa, wancan na nesa. Saboda haka sai a ɗauki hoto biyu, tsakaninsu kamar tazarar idanunka, faɗin yatsu huɗu ko ƙasa da haka. A saka na hagu cikin ja, na dama cikin shuɗin nan mai kore, a ɗora su kan juna. Jan gilashi ya bar ɗaya ya wuce ya tare ɗayan, shuɗin kuma ya yi akasin haka. Kowane ido ya ga nasa shi kaɗai, sai hoto ya yi zurfi."

"Haka ne, ka yi ƙoƙari. Sabon abu ne ko?"

"Ina! Ya haura shekara ɗari da hamsin. Wani Bajamushe ya fara da zanen layuka masu kala biyu, wani Bafaranshe ya haska a bango da fitilu biyu, wani kuma daga baya ya buga a takarda. An yi fim da shi, an yi littattafan yara. Har hotunan da na'urori ke aikowa daga wasu duniyoyi ana kallon su haka."

Gwani bai ji ƙarshen ba. Idonsa na kan shagon 'Yar Ƙyas ta cikin taga, bakinsa na motsi shi kaɗai.

"Yaya," ya ce, "ranar Asabar mutanen layin nan za su ga kansu suna fitowa daga bango."

"Ledar da ake yin tabarau ɗin da ita ta musamman ce. Sai an yi odarta, mako biyu kafin ta iso."

"Oda ta waɗanda ba su da basira ce."

"To ka tuna dai. Yatsu huɗu. Kada wanda ake ɗauka ya motsa. Ja kuma a idon hagu."

"Yaya, kai gilashi kake sayarwa. Ni haske nake sarrafawa."

Daga nan kantin kusurwa ya zarce. Ya sa mai kanti ya sauko masa da manyan buhunan alewa biyu, mai jar leda da mai shuɗiya. Ya ɗaga leda ɗaya ya duba ta a rana, ya ga ta yi fari da yawa, sai ya yanke cewa kowane ido ninki uku zai yi. Ɗakin taro na cin mutum sittin. Da ya buga lissafi, alewa ɗari uku da sittin ke bukatar a tuɓe musu riga.

Da matarsa ta dawo daga makarantar da take koyarwa, ta tarar da shi zaune a tsakar falo, kumatunsa cike, ledoji sun kewaye shi, babbar tukunyarta kuma cike da tsirarar alewa.

"Baban yara, lafiya? Ka koma sayar da alewa ne?"

"Kimiyya nake yi," ya ce da ƙyar, miyau na neman ƙwace masa.

"A tukunyar miyata?"

"Maman yara, za ki ga abin da zai sa ki riƙa tafiya kina ɗaga kai a layin nan. Ki aro mini majigin makarantarku ranar Asabar."

"Majigin da shugabarmu ke kullewa da makulli biyu? In wani abu ya same shi, aikina ne."

"A hannuna zai kasance."

"Abin da ke ba ni tsoro ke nan."

Sai da ya yi kwana biyu yana bin ta daga kicin zuwa falo kafin ta yarda, da sharaɗin ita za ta zauna kusa da majigin, hannunta a kai. Alewar kuwa ta narke a tukunya ta zama dunƙule guda, sai da guduma aka farfasa ta. Gwani ya bi layi yana rabawa. Kafin Laraba mai aski ya ɗaure haɓarsa da ƙyalle saboda haƙori, tela kuma ya ce in ya ƙara ganin alewa ko a mafarki sai ya kai ƙara.

Ranar Laraba aka fara ɗaukar hoto. Gwani ya rataya kyamara, ya sa hular da yake sawa in zai je biki, ya fara da mai aski.

"Tsaya da askarka a sama, ka miƙo ta wajena. Kada ka motsa har sai na ɗauka sau biyu."

"Sau biyu don me? Na farkon ba ya kamawa?"

"Ido nawa gare ka?"

"Biyu."

"To kowanne da hotonsa. Yi shiru."

Ya ƙyasta na farko. Sai ya tuna da yatsu huɗun Yaya, ya yi tsaki. Yatsu huɗu ai zurfin talaka ne. In yatsu huɗu sun fito da jirgi daga littafi, taku guda sai ya fito da mai aski har bakin titi. Ya buɗe ƙafa ya yi taku guda cikakke zuwa dama, ya ƙara rabi don albarka, sannan ya ƙyasta na biyu. A tsakanin nan haƙori ya soki mai aski, ya karkace baki.

Wajen tela, atishawa ce ta zo tsakanin hoton farko da na biyu. Wajen mai gyaran takalmi, matarsa ta leƙo a na biyun tana tambaya ko an ga makullin gida. Wajen mahauci, kafin na biyun wata akuya ta shigo ta tsaya gabansa tana kallon kyamara.

"A sake," in ji mahauci.

"Gwani ba ya sakewa. Kwamfuta za ta gyara."

Bakanike shi ya fi ba da wahala. Shagonsa na bakin kwata, ya kuma ce ba zai tsaya kamar gunki ba alhali injin mutane na buɗe. Da ƙyar ya yarda ya riƙe sifana ya miƙo. Gwani ya ƙyasta, ya yi takunsa na dama ba tare da ya duba ƙasa ba, sai ji aka yi tsulum! Ƙafa ɗaya ta nutse a kwata har gwiwa. Yana faɗuwa yatsansa ya danna.

"Ka ji ciwo?" in ji bakanike, yana danne dariya.

"Da gangan na sauka. Daga ƙasa ake samun kusurwa mai kyau."

'Yar Ƙyas na tsaye a ƙofar shagonta. Ta ce, "Baba Gwani, in kawo ruwa ka wanke?"

"Ki ajiye ruwanki, 'yata. Ranar Asabar za ki bukace shi, ki sha ki huce."

Alhamis da Juma'a ya kulle kansa. Tsohuwar kwamfutarsa na kuka kamar injin niƙa, yana ɗora hoto kan hoto, wannan ja, wannan shuɗi. Ya yayyanka kwalayen sabulu, ya huda idanu da almakashin matarsa, ya manna ledoji da gam, ya ɗaura robar wando a maimakon hannun tabarau. Ledar bai wanke ba, don ya ce ruwa zai rage mata ƙarfi. Wasu kwalayen ya manna su a kife, wasu a rigingine, yadda hannu ya kai.

Matar ta ɗauki biyu ta jera. "Baban yara, wannan jan na hagu, wannan kuma na dama."

"Ido ai ido ne."

"Yaya ya ce..."

"Yaya, Yaya! Shi ya auro ki ko ni?"

"To ka gwada ɗaya mana ka gani, tun da sauran lokaci."

"Mai shakka ke gwaji."

Da yamma mai tabarau ya biyo ya ce a nuna masa ko hoto ɗaya. Gwani ya tsaya a bakin ƙofa ya tokare da hannu biyu, ya ce sirrin sana'a ba a buɗe shi ko ga suruki.

Asabar ta zo da rana mai zafi. Ƙarfe ɗaya aka sa taron, a ɗakin ƙungiya mai rufin kwano. Majigi na son duhu, saboda haka Gwani ya sa aka toshe tagogi shida da barguna, aka rufe ƙofa. Ya rataya farin zanen gado a bango. Fanka ta fara kaɗa zanen, ya ce a kashe ta.

"Za mu dahu!" in ji tela.

"Minti goma ne. Ilimi ba ya zuwa da sanyi."

Mutum sittin suka cika ɗakin, wasu a tsaye. A gaba shugaban ƙungiya ke zaune, wani dattijo tsohon mai walda, wanda ba ya magana sai ta zama dole. 'Yar Ƙyas ta riga ta nuna nata samfurin katin, minti biyu ta yi ta koma gefe da kyamararta a wuya. Matar Gwani na zaune kusa da majigi, ta rungume shi kamar jariri. Yayanta na can baya kusa da ƙofa, ya zaɓi wurin da gangan.

Aka raba tabarau. Kowa ya ɗaura, robar wando ta matse kwali a fuska, leda ta manne a fatar ido.

"Nawa ƙamshin na'ana'a yake," in ji mahauci.

"Nawa danƙo yake," in ji wata mai kitso.

Gwani ya hau benci ya gyara murya. "'Yan'uwa masu sana'a! Shekara ɗari da hamsin da suka wuce wani Bajamushe ya fara wannan aiki, ya gaji ya bari. Faransawa biyu suka ɗauka, suka kai rabi. Yau, a wannan ɗaki, ni zan ƙarasa. Katin shaidarku zai zama irin wanda in ɗan sanda ya duba, sai hancinku ya taɓa nasa. Ina roƙon masu hawan jini su riƙe kujera. Maman yara, saki!"

Hoton mai aski ya faɗo a kan zane.

Sai wani ya ce, "Su biyu ne."

"Mai aski, ashe tagwaye ne ku?"

"Ɗayan bakinsa a karkace!"

Tazarar da Gwani ya bayar ta yi yawa har idanu sun kasa haɗa hoton. Mai aski ja na wannan gefe, mai aski shuɗi na wancan, kowanne da askarsa, mutane na ta murɗa ido suna neman su haɗa su.

"Ku saki idanunku!" in ji Gwani. "Ƙwaƙwalwa ce ke aikin. Wanda bai gani ba, ya binciki kansa."

Jin haka sai mai gyaran takalmi ya ce shi kam ya fara gani. Wasu biyu suka ce su ma. Gwani ya buga ƙirji ya ce a saki na gaba.

Hoton mai kanti ne, shi kaɗai ne Gwani ya ɗauka a lungu inda bango ya hana shi yin dogon taku. Wannan kam ya ɗan kama. Rabin ɗakin suka ce, "Kai! Tumbinsa ya fito!" Sauran rabin, masu tabarau a juye, suka ce, "Wane fitowa? Ya lotsa ciki kamar kwano!"

"Ya fito!"

"Ya shige! Hancinsa ma rami ne!"

"Malam, ka je a duba idonka."

"Kai za a duba wa, da kanka kamar tulu!"

Mai kanti ya miƙe yana shafa cikinsa. "Jama'a, ku tsaya a magana ɗaya. Tumbin nan nawa ne, ina da haƙƙin in san inda yake."

Aka saki na mahauci. Mai kitso ta kurma ihu. "Akwai akuya! Ta ɓace! Ga ta kuma!"

"Babu wata akuya," in ji na kusa da ita, wanda ledar idonsa ɗaya ta riga ta rufe da gumi.

"Rufe ido ɗaya ka gani! Fatalwar akuya ce! Mahauci, waɗanda ka yanka sun biyo ka!"

"Wallahi wannan ban yanka ta ba," in ji mahauci. "Ta maƙwabta ce!"

Zafi ya kai inda ya kai. Rufin kwano na ƙara, barguna sun hana iska, gumi na zuba ta ƙarƙashin kwali. Sukarin da ke jikin leda ya narke ya bi kumatu. Daga nan sai wasu baƙi suka samu labari. Tururuwa suka fara hawa ta ƙafafun benci a jere, ƙudaje suka shigo ta ƙasan ƙofa, sai ga ƙudan zuma guda uku sun biyo su.

Tela ya ɗaga murya. "Gwani, na yarda da kai! Ƙudan nan kamar na gaske. Har kukansa nake ji!"

"Kun ji ko?" in ji Gwani, ko da yake bai tuna ya ɗauki ƙuda ba. "Wannan somin taɓi ne!"

"Wayyo! Ya harbe ni!" in ji tela.

Gwani ya ga abin na neman ƙwacewa, sai ya sauko ya durƙusa gaban shugaba. In dattijon nan ya yaba, magana ta ƙare.

"Ranka ya daɗe, kai da ka san ƙarfe da wuta, faɗa musu abin da kake gani."

Shugaba ya gyara zama. Shi kaɗai ne a ɗakin ba ya murza goshi. "Ina ganin mahauci, ja wur, tsaf da shi. Hoto mai kyau."

"Kun ji! Zurfin fa, ranka ya daɗe? Ya fito ko?"

"Wane zurfi? Ɗana, idona na dama tartsatsin walda ya kashe shi tun kafin a yaye ka. Da na hagu nake gani. Duk layin nan an sani."

"Ba a taɓa gaya mini ba."

"Sau uku ina gaya maka. Kana magana."

Dariya ta fashe. Gwani ya koma kan benci ya daka wa matarsa tsawa ta saki na ƙarshe, wai shi ne zakaran. Hoton bakanike ne. Idon hagu ya ga mutum tsaye da sifana. Idon dama ya ga sararin sama a karkace, da wayar lantarki, da ƙasan haɓar bakanike, da tafin takalmin Gwani.

Bakanike ya dafe ciki. "Jiri nake ji. Ku ba ni hanya!"

Ya tashi da tabarau a fuska, bai ga komai ba sai ja da shuɗi. Ƙafarsa ta harɗe wayar majigi. Majigi ya yi sama, matar Gwani ta yi tsalle ta cafe shi a ƙirji ta zauna daɓas a ƙasa, ba ta sake shi ba. Bakanike ya kai hannu neman abin riƙewa, ya damƙi bargo. Gwani kuwa da igiya ɗaya ya ɗaure bargunan duka, don tsimi. Shidansu suka zubo lokaci guda, zanen gadon ya biyo su ya lulluɓe Gwani a kan bencinsa.

Hasken rana ya cika ɗakin. Kowa ya fizge tabarau, ya dubi na kusa da shi.

Rinin leda ya sauka tas. Kowane mutum da zobe ja a ido ɗaya, zobe shuɗi a ɗayan, kalar ta gangaro har haɓa. Mahauci, ƙaton mutum mai gemu, ya zama kamar wanda yara suka yi wa kwalliya yana barci. Mai kitso ta dubi tela, tela ya dubi mai kanti, mai kanti ya dubi shugaba, wanda ke zaune da mutuncinsa da idanu kala biyu yana kore tururuwa daga gira.

Mai aski ne ya fara. Ya riƙe haɓarsa mai ciwo yana dariya yana kuka. Daga nan ɗakin ya kece da dariya. Wasu na dukan benci, wasu na riƙe da juna, mahauci ya kwanta a ƙasa yana shure-shure. Mai tabarau, wanda tun farko a hannu ya riƙe nasa bai saka ba, ya jingina da ƙofa yana share hawaye.

Ƙyas! Ƙyas! Ƙyas!

'Yar Ƙyas ce a kan kujera, tana ɗauka. Gwani ya yaye zanen gado ya leƙo, fuskarsa ta fi ta kowa rini don nasa tabarau ninki biyar ya yi masa. Ƙyas!

"Wannan," ya ce, yana nuna jama'a, "alama ce cewa kalar ta shiga jiki. A ƙasashen da suka ci gaba..."

"Zauna," in ji shugaba. Ya jira dariya ta lafa. "Aikin kati na yarinyar nan ne. Amma ba za a ɗauki kowa ba sai fuskokinmu sun dawo. Wanda ya rina kuma shi zai wanke. Gobe da safe, shago-shago, da sabulunka da tawul."

Aka yi tafi har da masu fito. Mutane suka fita titi a haka, masu motoci na rage gudu suna leƙe, wata mata ta ja 'yarta ta tsallaka ɗaya gefen.

Washegari da hantsi Gwani na zaune a falo ya yi tagumi, ya goge fuskarsa har ta yi zafi, rinin bai ko gusa ba. Mai tabarau ya yi sallama ya shigo da tabarau ɗin cikin littafi da wayarsa.

"In dariya ka zo yi, Yaya, an riga ka."

"Hoto na kawo maka. Jiya da yamma na ɗauki ƙanwata a kicin. Yatsu huɗu na matsa, ba ta motsa ba. Saka. Jan a hagu."

Gwani ya saka yana gunaguni. Mai tabarau ya kara masa wayar a gaban fuska.

Ga matarsa tsaye, tukwane can nesa a bayanta, taga ta fi su nisa. Ta miƙo ludayi, ludayin ya fito daga gilashin waya ya tsaya a iska dab da hancinsa. Gwani ya buɗe baki. Ya ƙara matsowa kusa. Ya kai yatsa a hankali zai taɓa, yatsan ya wuce ta cikin iska.

"Kai," ya ce ƙasa-ƙasa. "Kai, Yaya. Ashe haka abin yake."

"Haka yake."

"To ai abin da nake ta faɗa musu ke nan!" Muryar ta dawo daram. "Ka ga da sun yi haƙuri! Dubi yadda ya fito! Har motsi yake yi. Wallahi har ƙamshin miya nake ji a jikinsa. Yaya, wannan tsarin nawa..."

Ƙwas! Ludayi ya sauka a tsakiyar goshinsa.

Gwani ya cire tabarau. Matarsa na tsaye a bayan wayar, ludayi a hannun dama, bokiti da tawul a na hagu, idonta ɗaya ja ɗaya shuɗi.

"Wannan na gaske ne," ta ce. "Tashi. Mahauci ya aiko sau biyu, ya ce da shi za ka fara."